Malam Ndanusa da Takardar Shekwolo

Malam Ndanusa ba likita ba ne, bai kuma taɓa cewa shi likita ne ba. Shekara talatin da ɗaya ya yi yana aiki a ɗakin gwaje-gwajen wata sakandare a Minna. Shi ne mai wanke kwalabe, mai jera madubin duba ƙananan halittu kafin ɗalibai su shigo, mai kulle ƙofa bayan sun fita. Kakansa daga ƙasar Bida ya zo lokacin da ake shimfiɗa layin dogo, babansa kuma ya ƙare rayuwarsa a aikin reluwe. Shi Ndanusa yana aji uku a sakandare uban ya rasu, karatu ya tsaya nan. Wani abokin marigayin ne ya nema masa wannan aikin, ya shiga yana saurayi, ya fito da furfura.

Amma wanda ya zauna a bayan aji shekara talatin yana jin darasi ɗaya ana maimaita shi, dole wani abu ya zauna masa. Malamai suna zuwa suna tafiya, shi yana nan kan kujerarsa kusa da famfo. Wani malami ɗan Gana da zai koma gida ya bar masa tsohon ƙamus na ilimin halittu, bangonsa ya ɓalle, Ndanusa ya ɗinke shi da zaren buhu. Daga wannan ƙamus ya gane cewa dogayen kalmomin asibiti ba su da wani abin tsoro. Haɗa su ake yi kamar taragun jirgi, in ka kwance su ɗaya-ɗaya kowanne yana da kayan da ya ɗauko.

Da ya yi ritaya ya koma zama a ƙofar gidansa a Sauka Kahuta, sai mutane suka fara kawo masa takardun asibiti. Mai shayi, matar makaniki, tela, wani lokaci har ma'aikacin gwamnati da ke jin kunyar tambayar likita sau biyu. Zai sa tabarau, ya karanta, ya faɗa musu da Hausa ko Nufanci abin da aka rubuta. Ba ya karɓar komai, ba ya kuma ba da magani. Abu ɗaya yake alfahari da shi, ba ya ƙari kuma ba ya ragi. Abin da takarda ta ce shi zai faɗa, ko da mai ɗaci ne.

Shekwolo manomin doya ne a Beji, mutumin Gbagyi, dattijo a cocinsu. Sanin su ya fara ne tun shekarun da Ndanusa ke neman kwaɗi da fara da zomaye don jarrabawar ɗalibai. Shekwolo ne ke kamo masa su a fadama, ya kawo a cikin kwando. Aikin ya ƙare, zumunci bai ƙare ba. Kowace shekara sabuwar doya sai ta iso Sauka Kahuta, kowace Babbar Sallah kuma cinyar rago sai ta je Beji.

Wata Talata a cikin watan Yuni, bayan azahar, hadari na haɗuwa ta gabas, keken haya mai ƙafa uku ya tsaya a ƙofar gidan. Ndanusa ya ɗauki ɗan lokaci kafin ya gane mai saukowa. Wata huɗu rabonsa da Shekwolo. Wuyan mutumin ya zama kamar sanda, kafaɗunsa sun faɗa, cikinsa kuwa ya turo gaba ta ɓangaren hagu, har bai iya ɗaure wando a ƙugu ba, sai can ƙasa.

“Shekwolo! Kai ne haka? Sannu da zuwa, zauna.”

Shekwolo ya juyo da kunnensa na dama. “Me ka ce, Malam?”

“Na ce zauna.”

Ya zauna a hankali yana riƙe da gefen benci. Ya ce wata uku ke nan abinci loma biyu ke cika masa ciki. Kansa na sara. Kunnensa na hagu yana ƙara kamar injin niƙa, idonsa kuma wani lokaci sai ya ga kamar hayaƙi ya tare. Ɗansa Ebenezer, wanda ke tuƙin mota tsakanin Minna da Zungeru, shi ya matsa masa ya je asibiti. An ɗebi jini jiya, yau da safe likita ya ba shi wannan takarda, ya yi ta magana da sauri, ya ce sai an je Abuja.

“Rabin maganar ban ji ba,” in ji Shekwolo. “Rabin da na ji kuma ban gane ba. Na ce bari in kawo wa Malam.”

Ndanusa ya buɗe takardar. Lambar farko da idonsa ya faɗa a kai ita ce ta fararen ƙwayoyin jini. Ya san lafiyayyen mutum ba ya wuce dubu goma sha ɗaya a ma'aunin da ake yi. Nan an rubuta dubu ɗari huɗu da wani abu. Ya cire tabarau ya goge da bakin riga, ya mayar, ya sake ƙirga sifirin da yatsa. Ba kuskure. A ƙasa likita ya rubuta kalma ɗaya doguwa, ya ja mata layi biyu, ya sa “gaggawa” a gefenta.

Lukaferesis.

Bai taɓa ganinta ba. Ya shiga ɗaki ya ɗauko ƙamus, ya duba, babu ita. Sai ya kwance ta yadda ya saba. Kan kalmar ya sani, luka, fari ke nan, shi ne ke cikin sunan fararen ƙwayoyin jini. Wutsiyar ce ta ba shi wuya, har sai da ya samo ta a can wani shafi da ƙananan haruffa: aferesis, ɗaukewa, cire wani abu daga cikin wani. Cire fararen. To, amma ta yaya ake cire abin da ido ba ya gani daga jinin mutum mai rai?

Ya kira 'yarsa Aishat, wadda ke aiki a ɗakin gwajin jini na wani asibiti a Kaduna. Ta ɗauka tana dariya, tana tambayar mamanta. Ya karanta mata kalmar harafi-harafi, sannan ya karanta lambar. Dariyar ta tsaya.

“Baba, takardar wa ce?”

“Ta Shekwolo.”

“Alhamdulillahi ba taka ba ce,” ta ce, sannan ta ji kunyar abin da ta faɗa. “Baba, inji ne. Ana sa allura a hannu ɗaya, jini ya bi roba ya shiga injin. Injin yana juya shi da ƙarfi har ya rabu hawa-hawa, mai nauyi ƙasa, mara nauyi sama. Sai ya kwashe hawan fararen ya zuba a leda, sauran jinin ya koma jiki ta ɗaya hannun. Wutsiyar kalmar ɗaya ce a ko'ina, kan ne ke canzawa. In jajayen za a cire, kamar yadda ake yi wa wasu masu sikila, da sunansa. In ruwan jinin ne, da nasa. Shi fararen ne suka yi masa yawa, jinin ya yi kauri, ba ya wucewa ta ƙananan jijiyoyi. Yana jin magana sosai?”

“Kunne ɗaya ya fara tafiya.”

“Ido fa?”

“Ya ce yana ganin hayaƙi.”

“Baba, kada ya kwana biyu. Yau in zai yiwu, ko gobe da sassafe. Bayan an rage su ne za a duba ɓargo a ga irin ciwon, a ba shi magani.”

Ndanusa ya fito. Iska ta fara kaɗa ledoji a kan titi, masu tumatir suna tattara kaya. Ya zauna ta ɓangaren kunnen dama ya yi bayani a hankali, yadda ya saba: jini, inji, juyawa, leda. Shekwolo yana kallon ƙasa yana gyaɗa kai.

“Jinina zai fita waje ke nan.”

“Kaɗan-kaɗan. Yana fita yana komawa.”

“In wuta ta ɗauke yana waje fa?”

“Suna da janareto.”

Shekwolo ya yi murmushin yaƙe. Sannan ya yi tambayar manomi. “In sun cire, shi ke nan? Ko irin ciyawar nan ce mai saiwa?”

A nan ne Ndanusa ya daɗe yana komawa a ransa daga baya. Da ya iya cewa a je tukuna. Da ya iya farawa da maganar maganin da Aishat ta ambata. Amma an yi masa tambaya kai tsaye, shi kuma ya saba amsa abin da aka tambaye shi.

“Za su dawo,” ya ce. “Ɓargo ne ke yin su. Injin ba ya warkarwa, ragewa yake yi.”

“To.” Shekwolo ya dafa gwiwa ya miƙe. “Doyata ta fara yaɗo, ban gama kafa mata sanduna ba. In ta kwanta a ƙasa da wannan ruwan, shekara ta tafi. Kwana huɗu zan gama. Abin da ba ya warkarwa zai iya jira na kwana huɗu.”

“Shekwolo, yarinyar nan ta ce kada ka kwana biyu. Akwai magani bayan injin.”

Ko bai ji ba, ko bai so ji ba. Ya riga ya ɗaga wa keke hannu. Ya bar takardar a kan benci, ya ce Malam ya ajiye masa, a gida awaki za su cinye ta. Keken bai kai kwanar titi ba ruwa ya sauko.

Ndanusa ya sa takardar a cikin ƙamus. Laraba ya kira wayar Shekwolo, a kashe. Ya kira Ebenezer, wanda ya ce yana Zungeru mota ta lalace, amma Baba ya ce masa Malam ya duba takarda ya ce ba a gaggawa. Ndanusa ya ce ba haka ya faɗa ba, layin ya yanke. Alhamis ruwa ya yini. Aishat na kira safe da yamma, tambayarta ɗaya, sun tafi? Ranar Juma'a a masallaci ya kasa bin huɗuba, lambar nan kawai ke masa yawo a kai. Ya tuna yadda jini ke bayyana a madubi, jajaye cike da fili, fari ɗaya can, wani can, sai ka nema. Ya yi ƙoƙarin ganin yadda na Shekwolo zai kasance, fararen sun cika ko'ina suna matse juna. Matarsa ta ajiye masa tuwo ta dawo ta tarar bai taɓa ba.

“In abin ya dame ka haka, ba Beji ba ce? Ai ba Makka ba ce,” ta ce.

Asabar ya ce bari ya cika wa mutumin kwana huɗunsa. Lahadi da safe ya sa takardar a aljihu, ya hau mota a hanyar Bosso.

Ya yi tsammanin zai tarar da gidan a rufe, kowa na coci. Sai ya ga Alisabatu, matar Shekwolo, zaune a kan turmi a tsakar gida da kayan coci a jikinta, ba ta tafi ba. Mace ce mai fara'a, kullum in ya zo sai ta tsokane shi da cewa Nufawa ba su iya cin doya ba. Yau ta amsa gaisuwarsa a taƙaice.

“Maman Ebenezer, ina maigidan?”

“Yana gona. Ran Lahadi, Malam. Shekara arba'in ban taɓa ganin ya taɓa fartanya ran Lahadi ba. Ya ce lokaci ba ya jiransa.” Ta ɗago ta dube shi. “Kai ka ce masa inji zai zuƙe jininsa, kuma ba zai warke ba.”

“Ba haka na ce ba.”

“To me ka ce?”

Ya buɗe baki, ya ga cewa in ya maimaita abin da ya faɗa, kusan haka ɗin zai fito. Ya ce ta raka shi gonar.

Tafiyar rabin awa ce ta cikin laka. Rana ta fito da zafin nan na bayan ruwa, ƙasa na tururi. Gonar ta bayyana, tudun doya jere-jere, rabi da sanduna, rabi yaɗon ya bazu a ƙasa ya fara kama juna. Ba motsin kowa. Alisabatu ta kira sunansa. Ndanusa ya kira. Tsuntsaye kawai suka tashi.

A layi na tara suka same shi, zaune a cikin kwari tsakanin tudu biyu, bayansa jingine da ɗaya, sanda a kan cinyarsa. Idonsa a buɗe. Jini ya bushe daga hancinsa zuwa gemu, ƙudaje na sauka yana korarsu a hankali. Suna tsaye gabansa taku uku bai san da su ba. Sai da Alisabatu ta taɓa kafaɗarsa ya zabura.

“Wa ke nan? Hadari ne ya rufe haka?”

Babu gajimare ko ɗaya a sama.

Alisabatu ta ɗora hannu a ka, ta fara magana da Gbagyi da sauri. Ndanusa ya durƙusa a cikin lakar da farar rigarsa, ya kai bakinsa kunnen dama.

“Ni ne, Ndanusa! Tashi mu tafi Abuja!”

“Malam? Saura layi shida.”

“Bar su! Tashi!”

“Ka ce ba ya warkarwa.”

Ndanusa ya dubi matar, ta tsare shi da ido. Ya dubi abokinsa. Ya ji maganar ta fito daga bakinsa da ƙarfi, har ta amsa a cikin gonar.

“Na sake duba takardar! Ban karanta daidai ba! Za ka warke!”

Can Shekwolo ya miƙo hannu a iska, suka kama shi su biyu suka ɗaga. Nauyinsa bai kai na buhun masara ba.

A hanyar komawa Alisabatu ta matso kusa da Ndanusa. “Malam, da gaske?”

“Ƙafata ƙafarku,” ya ce. “Ba zan dawo Minna ba sai da shi.”

Ebenezer ya iso da azahar da motar wani abokinsa. Suka kwantar da Shekwolo a baya, kansa a cinyar matarsa. Hanyar Suleja ta sha ruwa, ramuka sun cika, ba ka sanin zurfinsu sai ka faɗa. Bayan Lambata wata tirela ta kwanta a tsakiyar titi, suka tsaya fiye da awa ɗaya a layi. Shekwolo ya fara magana shi kaɗai, yana kiran sunan wansa da ya rasu tun tuni, yana ce masa ya riƙe ɗaya gefen sandar. Ebenezer na kallon madubi yana buga sitiyari da tafin hannu. Ndanusa yana jan carbi, bai san adadin da ya ja ba.

Sun shiga asibitin Abuja bayan magariba. Likitar da ta karɓe su mace ce, ba ta wuce sa'ar Aishat ba. Ta karanta takardar, ta duba kwanan watan da ke sama, ta ɗago.

“Wa ya riƙe wannan takardar tun Talata?”

“Ni ne,” in ji Ndanusa.

“Baba, kun iya karatu?”

“Na iya.”

Ta juya ta fara ba ma'aikatan jinya umarni. Da ta zage shi da ya fi masa sauƙi.

Washegari da safe aka kai Shekwolo ɗakin injin. An bar mutum biyu su tsaya daga bakin ƙofa, Ebenezer ya ce ba zai iya kallo ba, don haka Ndanusa da Alisabatu ne suka tsaya. Injin bai kai girman firji ba, fari, robobi sun nannaɗe a fuskarsa, ledoji na rataye a sama. Aka sa allura a hannun dama, aka sa a na hagu. Ma'aikaciyar ta danna wani abu, sai jan layi ya fito daga hannun Shekwolo ya kama hanya cikin robar a hankali. Alisabatu ta damƙe hannun rigar Ndanusa. Ta bi jinin da ido har ya shige cikin injin ya ɓace. Injin ya fara gurnani ƙasa-ƙasa.

“Bai fito ba,” ta ce. “Malam, bai fito ba.”

“Zai fito.”

Sai ga jan layin ya ɓullo ta ɗaya robar, ya gangara, ya shiga hannun hagu. Ta saki rigar.

Awa huɗu aka yi. Shekwolo ya ce sanyi yake ji, aka rufa masa bargo. Ya ce leɓɓansa na yi masa kamar tururuwa na tafiya a kai, ma'aikaciyar ta ce maganin hana jini daskarewa ne, ta zuba wani abu a ruwan da ake ƙara masa. A sama, leda ɗaya tana cika sannu a hankali da wani abu mai kauri, ba ja ba, ba fari ba, kamar kunun gyaɗa da aka ɗiga wa zoɓo. Ndanusa ya kasa ɗauke ido daga kanta. Shekara talatin yana nuna wa ɗalibai waɗannan ƙwayoyi ɗaya-ɗaya a madubi, bai taɓa zaton zai gan su tare a leda har a iya ɗaga su da hannu ba.

“Wannan ne ciwon?” in ji Alisabatu.

“Wannan ne ya toshe hanya. Ciwon yana cikin ƙashi.”

Ta dube shi, ta mayar da ido kan ledar.

Sau biyu aka yi masa. A rana ta uku ya gane fuskar ɗansa daga nesa, ya tambaye shi wa ya ba shi izinin barin mota a Zungeru. Idon ya dawo, sai ɗan duhu a gefe. Kunnen hagu bai dawo ba har abada, na dama kuma sai an ɗaga murya. Likitar ta ce da an zo da wuri mai yiwuwa da an ceci kunnen, mai yiwuwa kuma a'a. Ta faɗi haka ne tana kallon fayil. Aka huda ƙashin ƙugunsa aka ɗebi ɓargo, sakamako ya nuna sankarar jini ce, irin mai tafiya a hankali. Aka ɗora shi a kan ƙwaya ɗaya kullum. Ta ce wasu suna shekaru masu yawa a kanta. Wasu kuma ciwon yakan juya ya yi gudu. In an ga zazzaɓi da ba ya sauka, ko ciwon ƙashi, ko baƙin tabo a fata ba tare da an buge ba, a dawo ranar, ba washegari ba. Wannan karon Ndanusa ya sa ta maimaita, ya faɗa wa Alisabatu, ya faɗa wa Ebenezer, ya kuma faɗa a kunnen Shekwolo sau biyu.

Kwana goma sha tara suka yi. Da suka koma Beji sun tarar 'yan cocinsu sun kafa sandunan layi shidan nan.

Shekwolo ya yi ƙiba, cikin ya sauka. Ya koma gona, ko da yake rabinta ya bar wa ƙaninsa. Ya zama mai magana da ƙarfi kamar mai faɗa, saboda ba ya jin kansa. Ya yi damina biyu a haka. Ndanusa kuwa ya ci gaba da zama a ƙofar gida, amma maƙwabta sun lura ya canza. Yakan daɗe da takarda a hannu kafin ya yi magana. Wani lokaci sai ya ce a bari ya sa takalmi, su tafi wurin likitan tare.

A watan Disamba na shekara ta biyu ya je Beji lokacin haƙar doya. Ana shirin bikin Ebenezer, an sa shi a farkon Janairu. Suna zaune a bakin rumbu Shekwolo ya miƙa hannu zai ɗauko wata doya ya nuna masa, hannun rigarsa ya ja baya. Tabo uku ne a damtsen, baƙaƙe, masu faɗin bakin kofi. Shekwolo ya ga inda idon abokinsa ya tsaya. Ya ja rigar ya rufe.

“Bayan biki,” ya ce, yana ƙoƙarin rage murya, amma duk da haka sai da kaji suka watse. “Kada ka gaya mata. Sati uku ne kawai.”

Ndanusa ya tashi ya zagaya bayan gida inda Ebenezer ke wanke mota, ya faɗa masa. Ya shiga madafa ya faɗa wa Alisabatu. Washegari suna kan hanyar Abuja, Shekwolo bai yi masa magana ba har Suleja.

Wannan karon ba a makara ba, amma ciwon ya riga ya juya. An canza magani, an ƙara masa jini, aka sallame shi ya je bikin. Ya zauna a kujerar gaba da sabuwar hula. Da aka fara kiɗa ya ce yana jin gangar a ƙirjinsa, ya tashi ya taka sau biyu ko uku kafin a zaunar da shi. Ranar sha ɗaya ga Fabrairu ya rasu a gida, da hantsi.

Ndanusa ya je jana'izar. Ya tsaya daga gefe tare da sauran Musulmin garin har aka gama addu'o'i. Da aka zo rufe kabari ƙanin marigayin ya miƙo masa shebur, ya zuba ƙasa sau uku ya miƙa wa na gaba. Bayan an watse ya je yi wa Alisabatu sallama. Tana zaune a tabarma cikin mata, ta ce su ba su wuri.

“Malam, ranar nan a gona ka ce zai warke.”

“Na ce.”

“Tun a wurin na san ba haka takardar ta ce ba. Ka ɗaga murya da yawa.”

Ya sunkuyar da kai. “Ki yafe mini, Maman Ebenezer. Da maganata ta farko da ta biyun.”

“Shi ma ya sani,” ta ce. “A asibiti ya gaya mini. Ya ce tunda har Malam ya yi ƙarya, to abin ya kai a tashi.” Ta gyara ɗankwalinta. “Ya ga auren ɗansa. Ka je ka ci abinci kafin ka kama hanya, an dafa naku daban.”

Ya je ya zauna a inda aka nuna masa, ƙarƙashin rumfar da aka kafa wa baƙi. Aka kawo sakwara da miya. Ya wanke hannu, ya yi bisimilla, ya ci kaɗan.